Limamin Coci da Takardun Ajami

A ƙarshen 1894 Charles Henry Robinson, limamin cocin Angalika daga Ingila, ya iso Kano. Koyon Hausa domin fassara Linjila ne ya kawo shi, amma hankalinsa ya karkata ga waƙoƙin malamai na ajami. Ya buga wasu a 1896, ƙamusunsa ya biyo baya a 1899. Nakan tuna da shi a gidan tarihi na Jos, wanda Bernard Fagg ya kafa a 1952, inda aka adana tsofaffin rubuce-rubucen hannu tare da gumakan Nok. Baƙo ya ga darajar takardun da muke bari gara ta ci a adaka. Duk wanda ya gaji irinsu a gida, ya duba lafiyarsu.