Littafin da ba shi da mawallafi

A shekarar 1941 marubucin nan na Amurka, Robert Heinlein, ya buga gajeren labari mai suna By His Bootstraps. A cikinsa wani ɗalibi, Bob Wilson, ya ratsa ƙofar zamani ya faɗa wata duniya ta can gaba. Ya sami kundin kalmomi, da shi ya koyi harshen mutanen wurin. Da kundin ya tsufa, sai ya kwafe shi da hannunsa. Daga bisani ya gane cewa kwafin nan shi ne ainihin kundin da ya tsinta tun farko.

To, wa ya tattara kalmomin? Babu kowa. Kundin ya haifi kansa, sanadi ya zama sakamako, sakamako ya koma sanadi. Batun bai tsaya ga ƙagaggen labari ba, domin a 1949 masanin lissafi Kurt Gödel ya nuna cewa lissafin Einstein bai haramta tafarkin da zai mayar da matafiyi jiyansa ba.

Abin da ke damun hankali a nan shi ne ilimin da babu wanda ya sha wahalarsa. Malaman zaure sun daɗe da toshe wannan ƙofa: almajiri kan ambaci wanda ya karantar da shi, shi ma ya ambaci nasa malamin, har salsala ta kai ga mawallafi. Ɗalibin da ke kwafar bayanan darasi daga hannun abokinsa ya kamata ya riƙa tambaya: a ina maganar ta faro, kuma wa ya ji ta a bakin masu harshe?