Muryar da Aka Cire

A wani gidan kallo a Funtua na fara ganin Blade Runner, ranar da muka dawo daga cirar auduga. Bugun 1982 ne, wanda Harrison Ford ke bayani da muryarsa, labarin kuma ya ƙare lafiya. Bai yi kasuwa ba. A 1992 aka cire muryar da wannan ƙarshen, a 2007 Ridley Scott ya sake tace shi. Gardamar ko Deckard mutum ne ko ƙerarre ita ta ɗaukaka fim ɗin. Abokina na Malumfashi ya ce gurɓataccen bugu na kalla. Wataƙila. Amma ba don muryar nan ba, da ɗan Turancina na lokacin bai kai ni ƙarshensa ba.