Ƙarshe, Makoma da Aƙiba: Darasi daga Shagon Wani Tela a Garwa

Idan hunturu ya kankama a watan Janairu, hazo kan lulluɓe Garwa har duwatsun Tingilin da ke arewa da garin su ɓace wa ido, wanda kuma ya tsaya a kan gadar Binuwai da sassafe ba ya rarrabe ruwa da yashi. A irin wannan lokaci ne wani tela na unguwar Yelwa ya koma kwana a shagonsa. Wata huɗu ke nan da rasuwar mahaifiyarsa, bayan jinyar shekara biyu da shi ya ɗauki mafi yawan nauyinta, barci kuma ya ƙaurace masa. Yayarsa ta lura da haka, sai ta riƙa turo masa ɗanta, ɗalibin sakandare, da kwanon tuwo bayan isha'i. Yaron kan zo da tuwon a hannu ɗaya, tsohuwar na'urar PlayStation 2 a ɗaya hannun, su jona ta da ƙaramar talabijin da ke kan kabad ɗin yadi.

Faifan da suka daɗe a kansa shi ne Silent Hill 2, wanda kamfanin Konami na Japan ya fitar a 2001. Yana cikin wasannin tsoro na neman tsira, wato waɗanda ake ba mai wasa harsashi kaɗan da magani kaɗan, a jefa shi cikin duhu, a bar shi ya lissafa kowane taku. Muryoyin wasan na Ingilishi ne, rubutun ƙasan allo kuwa yaron ya mayar da shi Faransanci, harshen makarantarsa. Shi ke karantawa yana juya wa kawunsa da Hausa, jefi-jefi kalmar Fulatancin kasuwa ta kutso. A wajen wannan tafinta ne aka ci karo da kalmomin da suka shafi ɗalibin Hausa.

Ga labarin a taƙaice. Wani mutum mai suna James Sunderland ya sami wasiƙa da rubutun hannun matarsa Mary, tana cewa tana jiransa a garin Silent Hill da ke bakin tafkin Toluca, alhali a saninsa shekara uku ke nan da ciwo ya kashe ta. Ya iske garin a lulluɓe da hazo, dodanni na yawo a tituna, shi kuwa daga tocila sai rediyon da ke ƙara idan dodo ya kusato. A can ya gamu da Angela, budurwa mai neman mahaifiyarta, wadda ya karɓi wuƙa daga hannunta don gudun kada ta cutar da kanta. Ya gamu da Laura, yarinya 'yar shekara takwas da ta san Mary a asibiti. Ya kuma gamu da Maria, mai kama da Mary kamar an tsaga kara, sai dai ita tana kan ƙafafunta, ga kwalliya ga rangwaɗa. A ɗaki mai lamba 312 na otal ɗin Lakeview ya kunna wani kaset ɗin bidiyo, ya ga abin da zuciyarsa ta binne: shi ne da hannunsa ya danne fuskar Mary da matashin kai a kan gadon jinyarta.

Yaron ya riga ya kammala wasan shi kaɗai tun da damina, ya ga James ya bar garin tare da Maria. Da kawun ya kammala nasa bayan mako uku, sai James ya ɗauki gawar Mary ya sa a mota, ya tuƙa har cikin tafki. Babu inda allo ya tambayi ɗayansu ya zaɓi wannan ko wancan.

"Kawu, faifai ɗaya ne fa," in ji yaron. "Yaya aka yi naka ya bi wata hanya dabam?"

Telan bai ce uffan ba, ya miƙe ya rufe keken ɗinkinsa. Washegari yaron ya dawo da bayanin da ya tono a wayarsa.

Ashe wasan yana ƙirga halin mai wasa a ɓoye tun daga farko. Ba ya neman ra'ayinsa, abin da ya saba yi yake dubawa. Ƙarshen da ake kira Cikin Ruwa yana zuwa wa wanda ya riƙa barin James yana yawo da rauni bai ba shi magani ba, ya riƙa buɗe jaka yana duban wuƙar Angela, ya karanta littafin wani majinyaci mai yanke ƙauna da aka yar a rufin asibitin Brookhaven, ya kuma saurari hirar James da likita a ɗakin karatu na otal. Wasan kan fassara waɗannan da cewa mutumin ya daina ganin darajar ransa.

Ƙarshen Maria na wanda ya manne wa Maria ne: ya kare ta daga dodanni, ya bi hanyar da ta nuna masa, ya koma duba ta a ɗakin da ta kwanta a asibiti, ya yi watsi da hoton Mary da wasiƙarta. A nan Mary ba ta yafe masa ba. Ya fito da sabuwar mace, suna isa wajen mota sai ta fara tari, shi kuma ya ce mata ta nemi maganin tarin nan, da murya mai sanyaya jikin mai sauraro. Wanda ya san abin da ya sami ta farko ba ya buƙatar a faɗa masa abin da ke jiran ta biyu.

Na uku shi ne Tafiya. Yana zuwa wa wanda ya kula da lafiyar James, ya riƙa duba hoton Mary da wasiƙarta, bai kuma shagala da Maria ba. Akwai wani dogon lungu dab da ƙarshen wasan inda ake jin muryar Mary daga kwanakin jinyarta. Da farko faɗa take yi, tana korar mijinta da furannin da ya kawo mata, tana cewa ba ta cancance su ba. Wanda ya ruga ya buɗe ƙofar gaba, faɗan kaɗai zai ji. Wanda ya dakata zai ji muryar ta karye, ta koma roƙonsa kada ya tafi ya bar ta, domin tsoro take ji. Tsayawar nan ma wasan yana ƙirga ta. A wannan ƙarshen James ya faɗa wa Mary gaskiya, cewa har da gajiya da son kansa a cikin abin da ya aikata, ita kuma ta umarce shi ya ci gaba da rayuwa. Sai aka gan shi yana ratsa maƙabarta tare da Laura, suna barin garin.

Sauran ba su da wannan nauyi. Wanda ya sake wasan ya tara wasu kayan tsafi guda huɗu zai ga James a kwalekwale da gawar Mary, ya nufi wani tsibiri da nufin tayar da ita. Akwai na barkwanci, inda ya buɗe wata ƙofa ya iske kare zaune gaban na'urori yana juya dukan al'amarin, da wani na baƙin sararin samaniya da aka ƙara a fitowar baya. Da kamfanin Bloober Team na Poland ya sabunta wasan a 2024, ya ƙara biyu, suka zama takwas. Wasan bai ware ɗaya ya ce shi ne na gaskiya ba. Bahaushe bai kamata ya yi mamakin haka ba, domin a cikin tatsuniyoyinsa akwai waɗanda ake rufewa da tambaya, a bar wa 'yan hira su yanke wanda ya fi cancanta a cikin jaruman, kafin a ce ƙurunƙus.

Duk wannan bayani da kalma ɗaya yaron ya yi shi, wato *ƙarshe*, domin ita ce ta zo masa a madadin *fin* ta Faransanci. Telan ya ce kalmar ba ta ishe shi ba, kuma yana da gaskiya. *Ƙarshe* dangin *ƙare* ce da *ƙarasa*, tana nuna inda abu ya tsaya kawai. Titi na da ƙarshe, wata na da ƙarshe, zare na da ƙarshe, babu ruwanta da yadda aka iso wurin. *Makoma* kuwa daga *koma* ta fito, a kan ginin sunan wuri mai farawa da *ma-*, irin na *makaranta* da *maƙera* da *majema*. Tana nufin inda mutum zai je ya tabbata, shi ya sa ta fi yawa a bakin masu wa'azi da masu zancen gobe. Ta uku ita ce *aƙiba*, aro daga Larabci, daga tushen da ya ba Larabawa kalmar diddige. Ita ce abin da ke biyo bayan aiki a kan sawunsa. Idan dattijo ya ce wani abu ba shi da aƙiba, yana nufin abin da zai haifar ba alheri ba ne. Saboda haka hotunan da ke fitowa kafin sunayen masu shirya wasan su ne ƙarshe, tafki ko maƙabarta ko wajen ajiye mota su ne makomar James, dangantakar da ke tsakanin duban wuƙa da faɗawa ruwa kuma ita ce aƙiba.

Yaron ya yi shiru yana juya kalmar. Ya tuna yadda kawunsa ke wasa: kwalaben magani sun taru a jaka har sun yi yawa, gefen hoton lafiyar James ya yi ja, amma ba ya taɓa su sai rai ya kai maƙoshi. Da can ya ɗauka tattalin tela ne, mutumin da ba ya yar da ƙyalle.

"Kawu, me ya sa ba ka shan maganin?"

"Ban ga ya cancanta ba," in ji telan.

Daga nan maganar ta ɓalle. Ya ba shi labarin wani dare a watan Afrilu, lokacin da zafin Garwa ke wuce digiri 40 da rana, ɗaki kuma ba ya hucewa har asuba. An ɗauke wuta, yana yi wa Inna fifita, ya wanke shimfiɗarta sau biyu tun magariba, ɗinkin mutane ya taru a shago. Ya miƙa mata magani ta ture, kofin ya zube, ta ce masa ya fita ya ba ta wuri. Ya daka mata tsawa, abin da bai taɓa yi ba, ya fita tsakar gida ya zauna a kan turmi. A nan zuciyarsa ta raya masa cewa da ma a huta. Bai yi kome ba, bai kuma yi kusa da abin da James ya aikata ba, wanda kisan kai ne da babu uzurin da zai wanke shi. Ya koma ciki bayan rabin sa'a ya iske ta yi barci. Ta ƙara wata biyar a duniya yana yi mata hidima, amma wannan rabin sa'ar ita kaɗai yake gani idan ya rufe ido.

"Da na zauna," ya ce, "da na ji abin da za ta faɗa bayan faɗan."

Ɗalibin Hausa zai lura da ginin wannan jimla. *Da* biyu ne a cikinta, ɗaya a kan sharaɗi, ɗaya a kan sakamako, kuma da su Hausa ke maganar abin da bai faru ba, ba kuma zai faru ba: *da ya zo, da mun tafi*. Kishiyarsa shi ne *in* ko *idan*, wanda ke barin ƙofa a buɗe: *in ya zo, za mu tafi*. Hausawa sun san illar na farkon, shi ya sa suka ce da na sani ƙeya ce, tana bayan kai inda ido ba ya kaiwa. Malamai ma kan yi hani ga yawan *da* a kan abin da ya riga ya wuce, su ce tana buɗe wa Shaiɗan ƙofa. Abin da wasa mai ƙarshe da yawa ke yi shi ne ya mayar da *da* ta koma *in*: a goge katin ajiya, a koma bakin tafki, a sake. Telan ya san babu katin da zai mayar da shi daren Afrilu. Yaron dai ya ce masa a cikin shekara biyu akwai darare sama da ɗari bakwai, shi kuma ya sha kwana gidan Kaka ya ga wanda ke tashi idan ta yi tari. Idan na'ura ma duka halin mutum take tarawa kafin ta yanke, bai ga dalilin da Kawu zai yi wa kansa hukunci da dare ɗaya ba.

Telan ya ce masa ya cika surutu, ya jawo kwanon tuwon da ya huce ya ci.

Sun sake wasan daga farko a watan Fabrairu, hazo na janyewa, zafi na ƙaratowa. Wannan karon idan James ya ji rauni yaron kan ce, "Kawu, magani," shi kuma ya buɗe jaka ba gardama. Wuƙar Angela ta zauna inda take. Da suka iso dogon lungun, muryar Mary ta fara faɗa, telan ya ajiye abin sarrafawar a kan cinyarsa. Yaron ya riƙa fassara layi bayan layi, da faɗan da roƙon, har muryar ta ɗauke. Sannan telan ya ɗauka ya tura James zuwa ƙofa. A daren nan ya rufe shagon da kwaɗo, ya raka yaron gida, ya kwana a ɗakinsa.