Yaron da na kira "Hajiya" a cikin aji

Shekarun farko da na fara koyarwa, an tura ni wata lakwal a ƙauyen da ke cikin gundumar Buza. A ajin ƙarshe akwai wani yaro maraya, mai kaifin lissafi, wanda ya tashi a tsakiyar mata yana taya uwarsa suyar ƙosai. Maganarsa da tafiyarsa duk irin tasu ce, don haka yara suka laƙaba masa "ɗan daudu". Wata rana ya makara, ni kuma don in ba aji dariya sai na ce, "Hajiya, sai yanzu?" Aji ya kwashe da dariya. Daga ranar sunan ya bi shi har rijiya da kasuwa. Bai zauna jarrabawar ƙarshen shekara ba. Na rubuta a rajista cewa ya bar karatu, na ci gaba da harkata.

Bayan shekara goma sha biyu na raka wani ɗan'uwana asibiti a Kano. Da magariba na fita neman abinci wajen Sabon Gari, unguwar da Ibo da Yarbawa da baƙi daga ko'ina suke zaune, inda otal da mashaya suka fi yawa a garin. Ina tsaye gaban wata rumfar abinci sai na ji an ce, "Mushe!" A Kano babu mai kirana haka. Shi ne, da zane ɗaure a ƙugu da ludayi a hannu. Ya zuba mini shinkafa da miya, ya ƙi karɓar kuɗi.

Ya ba ni labari. Da ya kai shekara goma sha takwas ya fita biɗa kamar sauran samarin Adar, ya bi ta Madawa da Maraɗi da Katsina. Samarin garinmu da ke Kano ba su yarda ya kwana ɗakinsu ba, don sunan ya riga shi isowa. Wanda ya ba shi tabarma da tuwo a tasha wani tsohon ɗan daudu ne, wanda har yau yake kira "uwata". Da rana girki. Da dare, in ji shi, sana'a ta canza: baƙi ƴan kasuwa da direbobi da masu kuɗi sukan zo neman mai haɗa su da matan bariki, wasu kuma ƴan daudun suke nema. "Mushe, wasunsu da rana su ne kan gaba wajen tsine mana."

Mun sha ganin an yi maganin wannan lamari da kora. Da Zamfara ta ƙaddamar da shari'a a 1999, Kano ta biyo a 2000, mata masu zaman kansu da ƴan daudu da yawa suka tsallako garuruwanmu na bakin iyaka. A watan Nuwamba na 2000, lokacin zanga-zangar ƙin bikin nuna tufafi na FIMA, an ƙona mashaya da gidajen mata a Maraɗi. Mutanen sun sauya gari kawai, masu zuwa wurinsu da dare kuma babu wanda ya taɓa su.

Ni Musulmi ne, kuma ban yarda da abin da yaron nan yake yi da dare ba. Na faɗa masa, ya sunkuyar da kai. Amma ban iya yi masa dogon wa'azi ba, don na san hannuna yana cikin abin da ya kai shi can. Lokacin da yake gabana, laifinsa bai wuce lanƙwasa murya ba.

Malamai ƴan'uwana, kowane aji yana da irin wannan yaro. Kada mu bari a laƙaba masa suna, balle mu ne za mu fara. Iyaye, idan kun ga ɗabi'ar da ba ku so, ku ja yaro jiki, ku haɗa shi da kawu ko wa da zai riƙa tafiya da shi gona da masallaci, ku bar shi a makaranta. Duka da gori suna koya masa cewa gida ba nasa ba ne, kuma a tasha akwai masu jiran irinsa da tabarma.

Da zan tafi na roƙe shi gafara. Ya ce, "Ba komai, Mushe." Sannan ya tambaye ni ko uwarsa tana nan da rai.