Marwa: Sunan Dutse, Addu'ar Uwa

Ƴan uwa mata, duk inda muka zaga taron asusu, daga unguwar Zariya ta Maraɗi zuwa Tibiri da Jiratawa, in ana kiran yara sai mu ji Madina, Arafat, Safa, Marwa. Duka sunayen wurare ne na ƙasa mai tsarki.

Mu ɗauki Marwa. Ɗan dutse ne a Makka, kusa da Ka'aba. Tsakaninshi da Safa ne Nana Hajara ta yi ta kai da kawowa har sau 7, tana neman ruwan da za ta ba jaririnta, Annabi Isma'ila, kafin Allah Ya ɓullo da Zamzam. Har yau alhazai, maza da mata, sai sun bi sawun wannan uwa.

Wa zai gane labarin nan kamar mu? Matan Jiratawa sun san darajar ruwa, don noman rani ke riƙe da gidajensu. Na Tibirin Gobir kuwa kullum suna bisa hanyar kasuwar Maraɗi. Tun da Mata Masu Dubara ta fara a jiharmu a 1991, zubin kowane mako ai don ɗiyanmu muke yi.

Suna riga ce da ba a tuɓewa. Kafin a yanka rago ranar bakwai, mu tambayi malam ma'anar abin da za a raɗa. In Marwa ta yi wayo, a zaunar da ita a ba ta labarin Hajara, ta san abin da uwarta ta roƙa mata.

Allah Ya raya mana zuri'a, Ya kai mu can tare da su.