Ina Hujjarki, Hajiya?



Ya ku masu karatu, yau dai ba ci gaban labari na kawo muku ba, sai ku yi mini afuwa. So nake mu ɗan tattauna a kan wani aiki da na shafe kusan shekara uku ina yi a gefe guda, aikin da ba a biyana ko sisin kwabo, kuma sunana ba ya fitowa a bango, wato aikin sa-kai na rubutu da gyare-gyare a Wikipedia ta Hausa. Da yawa daga cikin 'yan'uwana marubuta sun sha tambayata me nake samu a ciki, tunda ga katina ina saye, ga lokacina ina ɓatawa. To ga amsar, kuma ina fatan za a karanta da idon basira, domin maganar ta shafe mu baki ɗaya.

Ga wanda bai sani ba, Wikipedia wani kundin ilmi ne da ke intanet, wanda wasu Amurkawa biyu, Jimmy Wales da Larry Sanger, suka buɗe ranar 15 ga Janairun 2001. Ana rubuta shi da harsuna sama da 300, har da namu. Ta Turanci kaɗai ta haura muƙala miliyan 6 tun a shekarar 2020. Abin mamakin shi ne masu sa-kai ne suke rubuta shi, kowa yana iya shiga ya danna inda aka ce "gyara" ya ƙara abin da ya sani, wani kuma ya zo bayansa ya gyara nasa. Duk harafin da aka sauya yana nan a ajiye a tarihin shafin, da ranar da aka yi da wanda ya yi.

Ni dai wasu yara 'yan jami'a ne suka gayyace ni wata bita ta kwana biyu, suka ce suna neman masu hannu a rubutun Hausa. Tun a ranar farko aka shimfiɗa mana dokoki uku. Na ɗaya, kada ka ɗauki ɓangare. Na biyu, kada ka rubuta binciken kanka ko ra'ayinka. Na uku, duk abin da ka faɗa sai ka nuna inda aka buga shi, littafi ne ko jarida ko mujalla, ka jera su a ƙasa inda ake kira manazarta.

Mai karatu, ka san sana'armu. Idan na ce Zainab doguwa ce fara mai dara-daran idanu, mahaifinta yana da gidaje a Nasarawa, babu wanda zai tare ni ya ce ina na samo. Alƙalamina ne hujjata. Amma a can, ko kalmar "shahararre" ko "fitacciya" ka rubuta, sai an tambaye ka wa ya ce. Babu kirari, babu jinjina, babu "gwarzon marubuta". Wannan bai dame ni ba, hasali ma ya yi mini daɗi, kamar wanda ya saba cin mai da yaji aka ba shi farau-farau ranar zafi.

Da na zauna aiki, sai na ɗauki fannin da na fi sani, wato marubutan Hausa. Na farkon ba su ba ni wahala ba ko kaɗan. Alhaji Abubakar Imam an haife shi a Kagara a 1911, ya rasu a Zariya a 1981. Ruwan Bagaja ya fito ne daga gasar da Hukumar Fassara ta Zariya ta shirya a 1933 ƙarƙashin Rupert East, gasar da ta fito da Ganɗoki na Bello Kagara da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa. Ya kama aikin editan Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939. Duk waɗannan suna nan a rubuce a littattafai barkatai, sai dai ka zaɓa. Haka So Aljannar Duniya na Hajiya Hafsat Abdulwaheed, an san ya fito a 1980 daga kamfanin NNPC. Hajiya Balaraba Ramat Yakubu ma ba a rasa abin kafa hujja a kanta, musamman tunda Aliyu Kamal ya fassara Alhaki Kuykuyo Ne zuwa Turanci, wani kamfani a Indiya ya buga a 2012, jaridun duniya suka yi ta magana.

Inda gizo ya yi saƙa shi ne da na gangaro kan sauranmu, mu da aka laƙaba wa sunan adabin kasuwar Kano. Akwai wata baiwar Allah, marigayiya, wadda ba zan ambaci sunanta ba saboda iyalinta. Ta girme ni da 'yan shekaru, kuma a hannunta na fara ganin yadda ake kai rubutu wajen mai buga tafireta. A zamaninta babu shagon hayar littafi da za ka shiga ka rasa nata, matan aure suna aika yara su yi musu layi idan na biyu ya fito, ana karanta su a rediyo. Na ce a raina wannan kam ta cancanci shafi.

Na tattaro littattafanta guda tara, wasu daga durowata, wasu daga wajen wani dattijo da ya taɓa riƙe shagon haya. Na buɗe su ɗaya bayan ɗaya. Akwai godiya, akwai sadaukarwa, akwai tukuici ga ƙawaye har shafi guda, akwai gargaɗin cewa ba a yi don cin zarafin wani ko wata ba, akwai jerin littattafan da ke tafe. Amma wallahi ko ɗaya babu shekarar da aka buga shi. Na je gidansu, yayarta ta karɓe ni hannu bibbiyu, ta ce an haife ta ne shekarar da aka kashe Janar Murtala, wato 1976, ta ba ni labarin makarantar da ta yi da yadda ta fara rubutu a littafin makarantar ƙannenta. Na dawo gida na tsara komai tsaf.

Washegari ɗaya daga cikin yaran nan da suka koyar da mu ya kira ni a waya. Bayan mun gaisa ya ce, "Hajiya, na ga aikin, Allah Ya saka da alheri. Amma ina hujjarki?"

Na ce, "Ɗana, ni ce hujjar. Na san ta, na zauna da ita, daga bakin yayarta uwa ɗaya uba ɗaya na ji."

Ya ce, "Na yarda da ke ɗari bisa ɗari, Hajiya. To amma wanda zai karanta a Damagaram ko a Kumasi bai san ki ba, kuma ba shi da hanyar zuwa wajen yayarta. Ki taimaka ki samo mana ko da jarida ɗaya ce da ta yi magana a kanta. Kafin nan mu ajiye shi a matsayin daftari."

Ba zan ɓoye muku ba, maganar ta yi mini nauyi. Mace ta ƙarar da ƙuruciyarta tana rubutu, mata masu ɗimbin yawa sun ƙware a karatun Hausa a kan littattafanta, amma a ce babu takarda ɗaya da za ta tsaya mata shaida. Sai dai da na natsu, na ga dokar nan tana da ranarta. Idan aka karɓi maganata don na ce na san ta, to gobe sai a karɓi maganar wani da zai zo ya ce shi ma ya san ta, ya rubuta mata sharrin da ya ga dama. Mu marubuta mata mun fi kowa sanin abin da bakin mutane yake iya yi, mun sha jin an ce mu ne muke ɓata tarbiyyar yara. Katangar da ta hana ni shiga da yabona, ita ce za ta hana maƙiyi shiga da ƙazafinsa.

Saboda haka sai na koma tambayar kaina, me ya sa babu takardar? Hausawa suka ce mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Mu ne muka buga littattafai babu shekara, babu sunan maɗaba'a, wani lokaci ma babu garin da aka buga. Wani ɗan kasuwar littafi ya taɓa ce mini da gangan wasu suke cire shekarar, don kada mai saye ya ga littafin ya kwana biyu ya ce tsoho ne. Ribar wata uku aka duba, aka zubar da tarihin shekara talatin. Idan an gama karantawa kuma, littafin ya yi ta yawo daga ɗaki zuwa ɗaki har bangon ya cire, ƙarshensa gara ta cinye ko a ƙunshe ƙosai da shi. Ba mu saba kai kwafi ɗakin karatu ba, ba mu saba yi wa juna sharhi a rubuce ba, yabonmu duk a baki yake, a wajen biki ko taron ƙungiya.

Wani abin da ya ba ni mamaki a wannan nema shi ne, waɗanda suka fi taimakona su ne waɗanda a da muke ganin sun takura mana. Muhawarar nan da aka tafka a jaridu a shekarun 1990, wadda su Malam Ibrahim Malumfashi da Malam Abdalla Uba Adamu da Ibrahim Sheme da Yusuf Adamu suka yi ta kai-kawo a cikinta, wasu suna suka wasu suna karewa, ita ce yau ta zama rumbun da ake ɗiba. Wanda ya soki littafinka a jarida ya ambaci sunanka da sunan littafin da shekara, ashe ya yi maka gatan da mai yabonka a zaure bai yi maka ba. Haka Bature Brian Larkin da ya yi nazari a 1997 ya taɓo In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino, da Graham Furniss da ya tara littattafanmu a makarantar SOAS da ke Landan. Ku dubi 'yan fim, sun fi mu sa'a a nan, domin tun 1999 mujallar Fim take rubuta labarinsu. Ku dubi kuma matan da suka yi nasara a gasar Hikayata da BBC Hausa ta fara a 2016, kowacce an rubuta sunanta da labarinta da shekararta, mai neman hujja ba zai sha wahala ba.

Ita kuwa marigayiya, sai da na yi wata biyar ina cigiya. Daga ƙarshe wani malamin makaranta mai tara tsofaffin jaridu ya samo mini wata hira da aka taɓa yi da ita, takardar har ta yi ja, sannan na sami wani littafin taron ƙara wa juna sani da ya ambaci uku daga cikin littattafanta da shekarunsu. Da waɗannan biyun shafin ya tsaya da ƙafarsa. Layi bakwai ne kacal. Babu labarin ɗan kunnen gwal ɗin da ta sayar ta buga littafinta na farko, babu yadda take zama da fitilar ƙwai bayan yara sun yi barci, domin waɗannan a cikina kawai suke. Amma dai yanzu idan jikarta ta rubuta sunanta a waya, za ta ga wani abu. A yanzu haka ina da wasu marubuta biyar a daftari, uku sun riga mu gidan gaskiya, har yau ban sami abin da zan jingina su da shi ba.

Akwai kuma wata illar da wannan giɓi yake jawowa. Tunda namu ba su da hujja, sai masu son ƙara yawan muƙaloli su koma ɗauko na Turanci suna juyawa da na'ura. Tun 2013 Google ya sanya Hausa a cikin harsunan da yake fassarawa, abin ya zo da sauƙi, amma idan ba a bi an gyara ba sai ka ga an fara da "ita" an ƙare da "shi" a kan mutum ɗaya, ko a rubuta baki inda ake nufin baƙi, ko kasa a maimakon ƙasa. Rabin lokacina a can wajen irin wannan sharar yake tafiya. Yaranmu kuwa nan suke zuwa neman amsar aikin makaranta. Idan muka yi sake, za su tashi sun san marubutan Ingila da Faransa cikin gurguwar Hausa, ba su san matar da ta rubuta littafin da ke ƙarƙashin matashin uwarsu ba.

Don haka ina kira ga 'yan'uwana marubuta, maza da mata. Duk wanda zai fitar da littafi, ya sa shekara da gari da sunan maɗaba'a, layi ɗaya ne ba zai ci takarda ba. Masu rubutu a waya, a WhatsApp ko Wattpad ko Facebook, ku riƙa sa ranar farawa da ranar gamawa, ku kuma ajiye kwafi a wani wurin, domin intanet ma ba ta da tabbas, mun ga yadda OkadaBooks ta rufe a 2023. Mu riƙa kai kwafi ɗakunan karatu na jami'o'i. Wanda ya karanta littafin ɗan'uwansa, ya daure ya rubuta sharhi ya aika jarida, ko yabo ne ko gyara. 'Yan jarida kuma don Allah ku nemi dattawanmu ku yi hira da su tun suna raye. Sannan kada kowa ya ce zai je ya buɗe wa kansa shafi, ba a son mutum ya rubuta tarihin kansa a can, kai dai ka rubuta na wani, wani ya rubuta naka, hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Wannan shi ne abin da nake samu a aikin, ga masu tambaya. Duk wanda yake da tsohuwar jarida ko mujalla da ta yi magana a kan wani marubuci, kada ya bari a kunna wuta da ita, akwai masu nema.

Allah Ya jiƙan waɗanda suka riga mu, Ya kyautata namu zuwan. In Allah Ya yarda mako mai zuwa za mu koma kan labarinmu daga inda muka tsaya.

Wassalam. Taku har kullum.