Daga Ruma zuwa Kure, kallon raƙumin dawa

Ƙanena ne ya nuna mini bidiyon a waya: wata ƙatuwar dabbar teku, baƙa da fari, ana kiranta oka. Kamar kifi take, amma shayar da ɗanta take yi. Mutane sun cika jirgin ruwa a Norwe, sun biya kuɗi don kawai su gan ta. Ya yi dariya ya ce, “Yaya, kallo kawai? Ko nama babu?”

Sai na ba shi labarin Kure.

Shekarun baya na bi kawuna zuwa Yamai. Muka tashi daga Batsari, muka bi ta Jibiya, Maraɗi, Ƙonni har Dosso. Saura kamar kilomita 60 mu shiga Yamai, direba ya taka birki. Ga raƙuman dawa biyar a gefen gona suna tsinkar ganyen gawo, wani manomi na aikinsa kusa da su, ko ɗaga kai bai yi ba. Ni kuwa har na manta da yunwar da nake ji.

Irinsu ne na ƙarshe a Afirka ta Yamma. A 1996 kimanin 50 suka rage, saboda fari da farauta da saran itace. Gwamnatin Nijar ta tsananta hana kashe su, samarin ƙauyukan suka zama 'yan rakiyar baƙi masu zuwa kallo, ana biyansu. Yanzu sun haura 600. Ba wai manoma ba sa ƙorafi ba, don raƙumin dawa ɓarawon wake ne na gaske. A 2018 aka ɗebi takwas aka kai dajin Gadabeji a jihar Maraɗi, maƙwabtanmu.

Dajin Rugu fa, da ke bayan gidajenmu? Kakana ya ce da idonsa ya ga sawun giwa a ciki, barewa da gada kuwa ba a magana. Yau kun san waɗanda ke zaune a wurin, ko itace ba a shiga yi da kwanciyar hankali. Kure ma ba ta tsira ba: a Agustan 2020 'yan bindiga suka kashe mutum takwas a wurin kallon, har da ɗan rakiya, baƙi suka ɗauke ƙafa.

Ƙanena ya yi shiru, can ya ce, “To Gadabejin nan, awa nawa ne daga Batsari?”